Wasiƙar Sallah daga Manchesta

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Baba, bayan gaisuwa mai yawa da fatan kuna cikin ƙoshin lafiya, ina yi muku barka da Sallah. Allah ya karɓi azuminmu da tsayuwar dare, ya maimaita mana. A gaishe da Umma da kyau, da Yaya da mai ɗakinsa, da Gwaggo idan ta iso daga Zariya, da Auta. Na san iwar haka kun sauko daga Idi, an shimfiɗa tabarma a zaure, kwanukan tuwo na ta fita zuwa maƙwabta wasu na shigowa.

Mu ma nan mun yi Idi da safe. An so a yi a filin shaƙatawa na Platt Fields kamar yadda ake yi idan gari ya yi kyau, amma ni da abokan zamana muka ga sama ta haɗa, sai muka tafi wani masallaci a kudancin gari. Ginin tsohuwar majami'ar 'yan Metodis ce, Musulmi suka saya suka mayar masallaci, har yanzu da dogayen tagoginta masu tsini. An cika maƙil, Pakistanawa da Larabawa da Somalawa da mu 'yan Najeriya, kowa da irin shigarsa. Na sa shaddar da Umma ta aiko, na ɗora rigar sanyi a kai. Da ƙarfe biyu zan shiga aiki. Tun da ba wanda ke sanin ranar da wata zai tsaya, neman hutun Sallah a nan abu ne mai wuya, sai dai wani abokin aikina Kirista ya karɓar mini safiya, ni kuma zan riƙe masa ranar Ista. Allah ya saka masa da alheri.

Abin da ya sa na zauna na rubuto da hannu maimakon in tsaya kan waya shi ne akwai zancen da nake so ku ji a tsanake, domin naku ne. Siton da nake aikin ɗaure kaya a ciki tsohuwar masaƙa ce. Jan bulo, hawa biyar, ga dogon bututun hayaƙi a gefe wanda ya daɗe da mutuwa. Ranar da na fara shiga na ga ginshiƙan ƙarfe a jere da alamun inda aka kafa injuna a daɓe, sai na tuna ranar da kuka ɗauke ni a keke zuwa masaƙarku ta Kakuri a Kaduna ina ɗan shekara bakwai, na tsaya a bakin ƙofa na toshe kunne. Tun daga nan nake bin tarihin garin nan, ranar da ba ni da aiki in shiga gidajen tarihi, in kuma zauna da wata tsohuwa maƙwabciyarmu wadda mahaifiyarta da kakarta duk masaƙa ne.

Auduga ce ta gina Manchesta. A 1801 mutanen garin ba su fi 70,000 da 'yan kai ba, zuwa 1851 sun haura 300,000. Manoma da masu saƙar hannu suka baro ƙauyuka, wasu suka ƙetaro daga Ailan saboda yunwa, suka cunkushe a unguwanni irin su Ancoats, iyali guda a ɗaki guda, wasu ma a ɗakin ƙarƙashin ƙasa mai danshi. Aiki awa 12 zuwa 14, kwana shida a mako. A ƙauye mutum da rana yake aiki, da damina da kaka. A masaƙa kuwa ƙararrawa ce ke mulki: ka makara a rufe ƙofa a yanke maka kuɗi, a wasu wuraren har buɗe taga ko yin fito tara gare shi. Talaka ba shi da agogo, saboda haka aka samu masu sana'ar tashin mutane. Mutum ya ɗauki doguwar sanda ya bi layi da duku-duku yana ƙwanƙwasa tagogin bene, a biya shi 'yan kwabbai a ƙarshen mako. Da tsohuwar nan ta ba ni wannan labari sai na ce mata ai mu ma muna da su, amma namu wata ɗaya suke yi a shekara, don sahur, kuma lada suke nema.

Ta nuna mini yadda kakarta ke magana da leɓe ba sauti, domin a ɗakin saƙa ƙarar injuna ba ta barin a ji murya, sai dai a karanta bakin juna daga nesa. Yawancinsu da kurumta suke tsufa, da tarin ƙurar auduga. Baba, nan fa na yi shiru. Shekara nawa muna ɗaga murya idan za mu yi muku magana ta ɓangaren hagu, ban taɓa zama na yi tunanin abin da ya ci kunnen nan ba, da kuɗin makarantar wa aka biya da shi.

Na je wata masaƙa da ake kira Quarry Bank a bayan gari, wadda aka gina a 1784, an bar ta yadda take don masu ziyara. Akwai gidan da ake ajiye yara kimanin 90, marayu da 'ya'yan matalauta da ake kwasowa daga gidajen gajiyayyu, su yi aiki a bakin abinci da makwanci. Ƙananan su ne ake turawa ƙarƙashin inji yana gudu su tsince auduga. Dokar 1833 ta hana ɗaukar yaron da bai kai shekara 9 ba, ta taƙaita wa masu 9 zuwa 13 awoyi, ta ce a ba su karatun awa biyu kullum. Sufeto huɗu kacal aka naɗa su duba ƙasar gaba ɗaya. Dokar awa goma ga mata da matasa ba ta zo ba sai 1847.

To a irin wannan rayuwa ina addini, ina biki? Wannan ne ya fi ja mini hankali, musamman yau. Babbar cocin gwamnati ba ta damu da sababbin unguwannin ma'aikata sosai ba, kujerun gaba ma na masu kuɗi ne, haya ake biya. 'Yan Metodis, mabiya John Wesley, su ne suka bi talakawa har inda suke. Wani reshe nasu ya taso bayan wani babban taron wa'azi da aka yi a fili kan tudun Mow Cop a 1807, masu wa'azinsa maƙera ne da masu haƙar kwal da masaƙa, har da mata. Da kwabo-kwabo suka gina ƙananan majami'unsu. Suna haɗuwa rukuni-rukuni kowane mako, a yi waƙa, kowa ya faɗi halin da zuciyarsa ke ciki, a tara gudummawa. Masana nan har yau suna gardama: wasu na cewa wannan addini ya hore wa masu masaƙa ma'aikata masu ladabi da zuwa kan lokaci, ba shan giya ba musu, wasu na cewa a nan ne talaka ya koyi tsayawa gaban jama'a ya yi magana, ya riƙe littafin kuɗi, ya shirya taro, abin da daga baya ya kai shi ƙungiyar ƙwadago. Ni dai a ganina duka biyun sun faru, wani lokacin ma a jikin mutum ɗaya. Na san wani dattijo da ke jan sallah a masallacin ma'aikata, shi ne kuma ake turawa gaban manaja idan albashi ya makara, kuma a gidansa na tashi.

Yaran da ke aiki kwana shida, ranar Lahadi ce kaɗai ranar karatunsu. Makarantun Lahadi suka bazu ko'ina, ta garin Stockport da ke kusa da mu ɗalibanta sun kai dubbai. Har rigima aka yi a kan ko ya halatta a koyar da rubutu ranar Lahadi. Wasu manyan malamansu suka ce karatu dai ya halatta don a karanta Littafi, amma rubutu neman duniya ne, bai dace da ranar ibada ba. Iyaye kuwa rubutun suke so wa 'ya'yansu, don shi ne zai fitar da yaro daga ƙarƙashin inji.

Daga makarantun nan ne aka samu abin da ya fi kama da Sallarmu. Tun 1801 ake yin jerin gwanon yara a Manchesta a makon idin Kirista na Fentikos. Kowace makaranta da tutarta da 'yan badujala a gaba, 'yan mata cikin fararen kaya, Furotesta su fita ran Litinin, Katolika ran Juma'a. Tsohuwar ta ce ko gida ba abinci sai an yi wa yaro sabon kaya, uwa ta yi shekara tana tari ko ta ci bashi. In an gama sai yara su bi gidajen dangi suna nuna kayan, kowa ya sa musu kwabo a aljihu. Ku gaya wa Umma, yawon Sallah da barka da Sallah ba mu kaɗai ba ne. Suna ma da irin tashensu: gab da Ista samari kan shafa baƙi a fuska su sa tsummoki su bi gida-gida suna wasan jarumi da aka kashe boka ya tashe shi, a ba su ƙwai ko kuɗi.

Sai kuma makon da suke kira Wakes. Asalinsa bikin waliyyin cocin kowane ƙauye ne, a kwana ana addu'a, a yi wa keken shanu ado da ciyawar fadama a kai ta coci a shimfiɗa a daɓe, sannan a ɓarke da rawa da kokawa da shaye-shaye da haɗa karnuka da bijimi faɗa. Masu addini sun yaƙi wannan ɓangaren, masu masaƙa ma haka, har doka ta hana wasan bijimin a 1835. Amma hutun kansa ya gagari kowa. Lokacin Wakes in ya zo mutane ba sa zuwa aiki, ko an so ko an ƙi, har masu masaƙa suka haƙura suka riƙa rufewa suna gyaran injuna. Ba a biyan ko sisi na makon, don haka sai ma'aikata suka riƙa zubi duk mako kamar adashe, a kwashe gab da biki. Da jirgin ƙasa ya samu, gari guda kan kwashe ya tafi bakin teku a Blackpool. Ya tuna mini yadda kuke ba mu labarin kalankuwa da dambe bayan girbi a ƙauye, da yadda malamai ke faɗa, mutane kuma ba su fasa ba.

Ban ce duk da lalama aka samu ba. Ranar Litinin 16 ga Agusta 1819 mutane kimanin 60,000 suka taru a filin St Peter suna neman a ba su wakilci a majalisa, ga tsadar burodi ta ishe su. Da kayan zuwa coci suka fito, da mata da yara, ana kiɗa. Aka sako musu mahaya da takubba. Mutum kusan 18 suka mutu, ɗaruruwa suka jikkata. Ina bi ta wurin idan zan shiga gari, akwai abin tunawa da aka gina da sunayensu, har da na yaro ɗan shekara biyu.

Wani abu kuma da ya taɓa ni: audugar da suke saƙawa bayi ne baƙar fata ke noma ta a kudancin Amurka, a sauke ta a Libaful. Da yaƙin basasar Amurka ya tashi a 1861 auduga ta yanke, masaƙu suka tsaya, yunwa ta shiga gidaje. Duk da haka, a daren ƙarshe na 1862 ma'aikata suka yi taro a Manchesta suka aika wa Shugaba Lincoln na Amurka goyon baya kan 'yanta bayi. Ba kowa ne ya yarda ba, amma waɗanda suka tsaya, da cikinsu a wofi suka tsaya. Wannan yankewar ce ta sa daga baya suka shiga neman auduga a wasu ƙasashe. A garin nan aka kafa ƙungiyar noman auduga ta Birtaniya a 1902, ita ce ta kai injunan gurza Zariya da Funtuwa. Masaƙar farko ta Kaduna ma da aka buɗe a 1957, da haɗin gwiwar wani kamfanin Lankasha, yankin masaƙun nan na kewayen Manchesta, aka yi ta. Ashe akoko da alawayyon da Kaka ke ambata, da injunan da kuka yi shekara 26 a gabansu, duk hanyarsu ta biyo ta nan. Su ma nasu masaƙun sun mutu kamar namu. Idan tsohuwar nan na lissafa waɗanda aka rufe, muryarta irin taku ce in kuna zancen Kakuri.

A gaya wa Auta wannan, na san zai so. A 1850 doka ta ce masaƙu su tashi ƙarfe biyu ran Asabar, wannan rabin yinin ne daga baya ƙwallo ta samu wurin zama, shi ya sa har gobe ake take wasa ƙarfe uku. Manchester United da yake hana mu barci a kanta ma'aikatan jirgin ƙasa ne suka kafa ta a 1878, City kuwa daga wata coci ta fito a 1880. Rigar da ya roƙa na saya, tana hannun mai zuwa Kano bayan sati biyu, amma sai na ga sakamakon jarrabawa.

Baba, ina da roƙo. Idan hidimar Sallah ta lafa, ku sa Auta ya ɗauki muryarku a waya, ku ba ni labarin masaƙa tun daga ranar da aka ɗauke ku: nawa ne albashin farko, yaya kuke yi da azumi a aikin dare, wa ya nema muku filin da kuka yi masallaci, kwana nawa ake ba ku na Sallah da yadda aka yi aka samu, da waƙoƙin da kuke yi in an tashi. Ko kaɗan-kaɗan ne, ba gaggawa. Na yi wa tsohuwar alkawarin zan fassara mata, ta ce tana so ta ji ko ku ma da leɓe kuke magana.

Na turo saƙo ta asusun Yaya jiya da dare. A cire na maganinku tukuna, a ba Umma nata, a ba Gwaggo kuɗin mota, sauran a canza sababbi a raba wa yaran layi. A kai gaisuwata ga Liman da abokanku na majalisa. Ƙarfe ɗaya ta wuce, bari in cire shadda in nemi bas. Ku sa ni a addu'a.

Wassalam.

Ɗanku