Wasiƙa zuwa ga 'yata mai karatun zanen gine-gine a Zariya

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kina lafiya, kamar yadda muke nan Katsina lafiya.

Hauwa'u, mamanki ta isar mini da saƙonki cewa an ba ku sunayen littattafan da za ku saya, kuɗin hannunki kuma ba zai kai duka ba. Shawarata ita ce ki fara da na kayan gini. Masu hotunan dogayen benaye ki je laburare ki kalle su, ba za su gudu ba.

Na tsufa a cikin birkiloli da leburori, na kuma ga zane iri-iri. Yanzu da kwamfuta ta zo, kowa na iya fitar da gida mai kyau a takarda. Wanda ake girmamawa a wurin aiki shi ne wanda zai damƙi yashi ya gane akwai laka a ciki, ya ɗaga bulo ya san an yi wa siminti ƙwauro. Littafin zai gaya miki buhun siminti kilo 50 ne, kankare kuma sai ya kwana 28 ake auna cikakken ƙarfinsa, yana kuma son ban ruwa aƙalla mako guda. Ki haddace wannan, domin ranar da mai gida zai matsa a cire katakon dekin da wuri, ke kaɗai za ki tsaya ki ce a'a. Za a ce yarinya ce, mace ce, me ta sani? Ki amsa da ladabi, amma kada ki sa hannu. Mutane ne za su kwana a ƙarƙashin rufin nan, amanarsu tana wuyanki.

Sai dai ki riƙa tuna cewa yawancin littattafan nan an rubuta su ne a ƙasashen da ake neman rana ta shigo ɗaki. Mu a nan gudunta muke yi. Duk wanda ya kwana a ɗakin bulo mai rufin kwano a watan Afrilu ya san abin da nake nufi: dare ya raba amma bango na ta huci. Soron ƙasa mai kauri kuwa yakan riƙe zafin rana a jikinsa, ba ya barin ya iso ciki sai an sha iska. In kin zo sa taga, ki tambayi kanki ina rana take faɗuwa, ta ina hunturu ke busowa, wane bango ne ruwan gabas zai riƙa duka. Ki kuma tuna da zaure da tsakar gida, don baƙo ya sami wurin zama ba tare da ya tsinkayi iyali ba.

Hasumiyar Gobarau da tubali aka gina ta, ta yi ɗaruruwan shekaru, tana nan tsaye saboda ana kula da yaɓenta. Kakanki ya koya mini cewa azara ta giginya gara ba ta cin ta, amma ba ta ɗaukar nauyin rufi in faɗin ya kai mita 2. Wannan ƙarancin ne ya sa magina suka fito da bakan gizo da ɗaurin guga, suna ɗaura azara kan azara, suna lulluɓewa da ƙasa, har a sami zaure mai faɗi ba ginshiƙi a tsakiya. Makuba daga kwasfar ɗorawa ake samunta, katsi daga marina, su ne ke hana ruwa cin bango. Kina zaune a garin da Babban Gwani Mika'ilu ya gina masallacin Juma'a tun zamanin Sarki Abdulkarimu. Abin kunya ne ki gama ABU ba ki san yadda ya ɗaura bakunansa ba.

Akwai wani Bature ɗan Folan, Dmochowski, da ya yi shekaru yana auna gine-ginenmu, aka buga aikinsa juzu'i uku a 1990. Na farkon a kan Arewa ne. Ki neme shi a laburarenku. Yana mini ciwo cewa sai da baƙo ya zo aka rubuta abin da maginanmu ke riƙe da shi a ka, ga su kuma suna ta ƙarewa. Ba cewa nake ki ƙi siminti da rodi ba, da su na ciyar da ku. Amma Francis Kéré na Burkina Faso da bulon ƙasa ya gina makarantar ƙauyensu Gando, a 2022 kuma aka ba shi kyautar Pritzker, wadda ta fi kowace girma a sana'arku. Ginin ƙasar da mutanenmu ke rainawa ke nan.

Hanyar tana da tsawo. Bayan digiri akwai na biyu, sai aiki a ƙarƙashin wani gwani, sai jarrabawa, kafin ARCON, hukumar rajistar masu zanen gine-gine, ta yi miki rajista. Kada ki yi gaggawar buɗe ofis, kada kuma ki karɓi aikin da ya fi ƙarfinki don kuɗi.

Na tura kuɗin littafin ta hannun yayanki. In kin zo hutu ki taho da tef da littafin zane, zan kai ki wurin wani dattijon magini a Ƙofar Sauri, daga nan mu wuce Daura ki ga zaurukan gidan Sarki da idonki. Mamanki da ƙannenki suna gaishe ki. Allah Ya yi miki albarka, Ya ba ki ilimi mai amfani.

Mahaifinki.