Wasiƙar Godiya ga Makarantar CVN Kalari ta Thiruvananthapuram

Zuwa ga Gurukkal, babban malami, da mataimakansa da ɗaukacin almajiran makarantar CVN Kalari da ke unguwar East Fort a birnin Thiruvananthapuram, jihar Kerala, ƙasar Indiya.

Bayan gaisuwa mai tarin yawa da fatan kuna cikin ƙoshin lafiya, na rubuto wannan takarda ne domin in miƙa godiyata a bainar jama'a, kuma na yi ta da Hausa saboda ina so 'yan'uwana da ke zuwa Indiya karatu ko jinya ko fatauci su san cewa a kudancin ƙasar akwai gidan da ya riƙe gadon kakanninsa da mutunci, wato kalaripayattu, fasahar faɗa ta gargajiya ta Kerala, yake kuma karɓar baƙo hannu bibbiyu. Ni ɗalibi ne daga Nijeriya, kuma abin da ya kawo ni ƙofarku shi ne targaɗen kafaɗa da ya ƙi sakina.

Godiya ta farko ta ɗakin jinyarku ce. Wanda ya duba ni bai yi gaggawar taɓa ni ba sai da ya tambayi yadda ciwon ya faro da abin da likitan asibiti ya ce, sannan ya shiga tausa da man magani mai ɗumi, yana bin jijiya a hankali har kafaɗar ta fara sakewa. A nan na fahimci cewa a tsarin kalaripayattu malamin da ke koyar da faɗa shi ne kuma mai gyaran wanda ya ji rauni, kamar yadda maɗori yake a wurinmu, domin ilimin gurabun jiki masu haɗari da kuke kira marma, waɗanda tsofaffin littattafan likitancin Indiya suka ƙidaya 107, shi ake amfani da shi wajen kayar da abokin gaba, shi kuma ake amfani da shi wajen warkarwa. Wannan haɗi ya burge ni ƙwarai, domin wanda ya san wahalar ɗora ƙashi ba ya saurin karya na wani.

Da kuka ba ni izinin kallon horon safe, sai na ga abin da ya sa sunan wannan gida ya yi nisa. Fagen rami ne da aka haƙa ƙasa da doron ƙasa, daɓensa jar ƙasa, bisa tsarin gargajiya na tsawon ƙafa 42 da faɗin ƙafa 21 daga gabas zuwa yamma. Almajirai sun shafe jiki da man riɗi, sun ɗaure ƙugu tamau, malami yana rera umarni da harshen Malayalam su kuma suna bi da harbin ƙafa sama har ta wuce kai, da durƙuso, da tsalle, da tsayuwa irin ta giwa da zaki da doki. Ba a bai wa kowa makami sai jikinsa ya nuna, kuma wannan yakan ci shekaru. Daga nan ne ake shiga sanda, doguwa da gajeriya da lanƙwasasshiyar nan da ake kira otta, sannan wuƙa da mashi da takobi da garkuwa, har a kai ga urumi, takobin nan mai laushi da ake naɗewa a ƙugu, wanda idan mai shi bai ƙware ba kansa zai fara yanka. Faɗa da hannu tsura shi ne na ƙarshe. Ban ga malami ya daka wa yaro tsawa ba, ban kuma ga babba ya nuna wa ƙarami ƙarfi ba.

Amma babban dalilin wannan wasiƙa wani abu ne daban. Ni Musulmi ne, kuma tun shigata na lura cewa fagen nan wurin ibada ne a wurinku. Kowane almajiri da ƙafar dama yake shiga, ya taɓa ƙasa ya kai hannu goshi, ya nufi kusurwar kudu maso yamma inda aka gina puttara, dandamali mai hawa bakwai da ake kunna wa fitilar mai ana zuba furanni domin allahiyar da kuka ɗauka mai tsaron fagen, ya kuma taɓa ƙafar malaminsa kafin a fara. Da na yi tambaya, ba ku ɓoye mini komai ba, ba ku kuma ce mini wasa ne kawai na motsa jiki domin ku faranta mini rai ba. Kun bayyana mini cewa a al'adar Hindu ana jingina asalin wannan fasaha ga Parashurama, ɗaya daga cikin siffofin abin bautarsu Vishnu, wanda labarin ya ce ya jefa gatarinsa cikin teku ƙasar Kerala ta fito, kuma kun rarrabe mini abin da yake imani ne da abin da yake tarihi ne. Bayan haka ba wanda ya nemi in rusuna ko in taɓa ƙasa, ba wanda ya yi mini kallon raini don na tsaya a inda addinina ya tsayar da ni. Kun ƙara da cewa Musulmin Kerala da Kiristocinta sun daɗe suna koyon wannan fasaha, har suna da malamai da fagagen kansu. Gaskiyar nan da kuka faɗa mini ta fi mini tausar daraja.

Ya kamata masu karatu su san cewa wannan gado ya kusa salwanta. A farkon ƙarni na 19, lokacin da sarki Pazhassi Raja ya yi wa Turawan Ingila tawaye har aka kashe shi a 1805, masu mulkin mallaka sun hana mutanen Malabar, yankin arewacin Kerala, riƙe makamai, fagage da yawa suka mutu, sai tsirarun malamai da suka ci gaba da koyarwa a ɓoye. A shekarun 1920 ne aka farfaɗo da fasahar daga garin Thalassery ta hannun irin su Kottakkal Kanaran Gurukkal da almajirinsa C. V. Narayanan Nair, wanda ya rasu a 1944, wanda kuma haruffan sunansa ne makarantarku take ɗauke da su. An kafa wannan gida na Thiruvananthapuram a 1956, shekarar da aka ƙirƙiro jihar Kerala kanta. Riƙon da kuka yi mata ya amfani wasu sana'o'in ma, domin 'yan wasan Kathakali, wasan kwaikwayo da rawa na gargajiyar Kerala, daga kalari, wato fagen wannan fasaha, suka aro horon jiki da tausar da ake yi musu da damina, maƙera masu ƙera takubba da masu haɗa man magani kuwa suna samun ciniki muddin fage yana buɗe.

Ina da roƙo guda ɗaya, shi ne ku tanadi ɗan taƙaitaccen bayani a rubuce da Turanci ko Larabci game da ma'anar abubuwan da baƙo zai gani a fagen, domin wanda ya zo daga nesa ya shiga da sani kamar yadda kuka sanar da ni da baki. Ga 'yan'uwana masu niyyar zuwa kuma, horon da sassafe ake yi, kuma ladabi ne a nemi izini kafin a ɗauki hoto.

Ina yi wa Gurukkal fatan tsawon rai da lafiya, ina gaida mataimakansa da ma'aikatan ɗakin jinya ɗaya bayan ɗaya, ina kuma yi wa yaran da na gani suna horo fatan kammalawa lafiya.

Naku mai godiya,
Wani ɗalibi Bahaushe a Thiruvananthapuram