A tuna da tafkin Nyos, ruwansa ƙasar nan zai gangaro

Ranka ya daɗe Edita,

Assalamu alaikum. Dan Allah ina roƙon ɗan fili a jaridarka mai farin jini in yi magana kan wani ƙaramin tafki da ke can saman tsaunukan Kamaru, sunansa Nyos, don na lura mutanenmu da yawa ko sunan basu taɓa ji ba, alhali in wani abu ya same shi mu ma a Najeriya sai ya taɓa mu.

Tafkin yana yankin Arewa maso Yamma na Kamaru, a gundumar Menchum, ba nisa sosai da garin Wum. Ramin tsohon dutse mai aman wuta ne ruwa ya cika shi, yana sama da mita dubu daga doron teku. Faɗinsa ba wani abu bane, bai kai murabba'in kilomita biyu ba, amma zurfinsa ya haura mita 200. Wanda ya ga hotonsa wallahi zai ce ai nan wajen hutawa ne, ruwa shiru kwance, ga duwatsu sun tsaya masa a gefe kamar katanga, ga tuddai kore shar da ciyawa mai kyau, shi yasa ma Fulani makiyaya suka daɗe suna zama a wajen da shanunsu, manoma kuma suna kwari saboda ƙasar tana da albarka, irin ƙasar nan ta toka da dutse ya amayar tun zamanin da.

To ranar Alhamis 21 ga Agusta 1986 da dare, wajen ƙarfe tara, ana tsakiyar damina, sai tafkin nan ya saki iskar da ya daɗe yana tarawa a cikinsa. Iskar kabon ce, irin wadda muke fitarwa in mun yi numfashi, tana tsattsafowa daga ƙarƙashin ƙasa tana narkewa a ruwan ƙasan tafkin shekara da shekaru, nauyin ruwan sama ya danne ta kamar murfin kwalbar lemo, ranar da wani abu ya motsa ruwan sai ta taso gaba ɗaya. Kuma ta fi iskar da muke shaƙa nauyi, don haka bata tashi sama ba, gangarowa tayi ta bi kwari kamar ambaliya, ba a ganinta, ta shiga ƙauyukan Nyos da Cha da Subum har kusan kilomita 25 daga bakin tafkin. Mutum sama da 1,700 suka rasu a daren, shanu kusan 3,500 suka faɗi. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Wasu a barci ta same su, wasu suna bakin ƙofa. Waɗanda Allah ya yi wa sauran kwana sun suma na awoyi, da suka farka suka tarar gida kaf babu mai motsi, ko ƙuda babu a kan gawa don su ma ƙudajen sun mutu. Ɗakuna na tsaye, itatuwa na tsaye, masara na gona, masu rai ne kawai babu. Ruwan tafkin da yake shuɗi ya koma ja kamar tsatsa saboda ƙarfen da ya taso daga ƙasa. Ni wannan batun ƙudajen shi ya fi tsaya min a rai.

Kuma ba shine na farko ba, a Agustan 1984 tafkin Monoun, shi ma a Kamaru, ya kashe mutum 37 ta irin wannan hanyar.

Alhamdulillahi an yi ƙoƙari daga baya. A 2001 masana daga Faransa tare da 'yan Kamaru suka zura wani dogon bututu har ƙasan tafkin, ruwan ƙasa ya riƙa tasowa da kansa yana feshi sama yana sakin iskar kaɗan kaɗan, ko inji baya buƙata da zarar ya kama, a 2011 aka ƙara guda biyu. Dabarar ta burge ni gaskiya.

Amma inda abin ya shafe mu shine, gefen tafkin ta arewa wata katanga ce ta tarkacen dutse ta riƙe ruwan, kuma a 2005 masana na Majalisar Ɗinkin Duniya suka yi gargaɗi cewa tana da rauni, tana zaizayewa. In ta balle ruwan kogin Katsina-Ala zai biyo, ya shigo Taraba ya wuce Binuwai. Madatsar Kashimbila da ke ƙaramar hukumar Takum, wadda kowa ya sani da wutar megawat 40, asalin dalilin gina ta kenan, ta tare wannan ruwan. Mutum nawa ne cikin masu noma da kiwo da su a bakin kogin suka san haka?

Shi yasa nake roƙonka ranka ya daɗe, ka tura wakilinka Kashimbila ya tambayi masu kula da madatsar, in ruwa ya taso cikin dare ta yaya za a sanar da ƙauyukan da ke ƙasa, akwai jiniya ko sai dai waya, kuma ana magana da hukumomin Kamaru ko kowa harkarsa yake. Sannan yankin da tafkin yake tun wajen 2017 ake fama da rikicin 'yan aware, to wa ke hawa yana duba bututun nan? A yi bayanin da Hausa da Fulatanci da Tibi da Jukun a gidajen rediyo, don masu kwana a kwarin su ne ya kamata su fara ji.

Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu, ya tsare na baya. Na gode, Allah ya ƙara ɗaukaka jaridarka.

Naka,
Mai karanta jaridarka a kullum