A Rubuta Tarihin Kansilolin Mazaɓar Jakara

Zuwa ga Edita,

Ina roƙon fili domin in ja hankali kan mazaɓarmu ta Jakara, ɗaya daga cikin mazaɓu 13 na Ƙaramar Hukumar Birni da Kewaye a Kano. A zamanin En'e, masu unguwanni ne ke kai kukan talakawa gaba, har gyaran tsarin ƙananan hukumomi na 1976 ya kawo zaɓen kansiloli, lokacin da matan Arewa suka fara jefa ƙuri'a. Sai dai mulkin soja da naɗin kantomomi sun yi ta katse wakilcin, kafin Kotun Ƙoli ta haramta kantomomi a Yulin 2024. Abin da ke damuna shi ne, dattawan bakin Kasuwar Kurmi da ke tuna sunayen kansilolinmu na farko suna ta ƙarewa. Ya kamata majalisar ƙaramar hukumar ta tattara waɗannan sunaye ta rubuta.

Naku,
Wani mazaunin Jakara, Kano