Dattijuwa ma tana iya ɗaukar fim a kanta

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ɗan fili in yi magana a kan wata 'yar wasan ƙasar Brazil, Fernanda Montenegro, domin akwai abin da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya game da fina-finanmu na Hausa.

An haife ta a birnin Rio de Janeiro a 1929. Sunanta na yanka Arlette. Da rediyo ta fara tun tana budurwa, ta hau dandamalin wasan kwaikwayo a 1950, daga nan ta shiga talabijin tun yana sabo a ƙasar. Ta auri ɗan wasa irinta, Fernando Torres, suna tare har ya rasu a 2008, kuma aure bai raba ta da sana'arta ba.

Fim ɗin da ya sa na san ta shi ne Central do Brasil na 1998, wanda Walter Salles ya ba da umarni. Ta fito a matsayin Dora, tsohuwar malamar makaranta mai zama a babbar tashar jirgin ƙasa ta Rio tana rubuta wa waɗanda ba su yi boko ba wasiƙa, su biya ta. Sai dai ba ta da amana. Wasu wasiƙun ta yaga, wasu ta jefa a aljihun tebur. Ranar da mota ta kaɗe wata mata a bakin tashar, ɗanta Josué ya zama ba shi da kowa, dole ta sa Dora ta ɗauke shi zuwa arewa maso gabashin ƙasar neman ubansa.

Ni ma koyarwa na yi a nan Ngaundere, kuma kafin wayar hannu ta zo ni ce mai rubuta wa matan unguwarmu wasiƙa zuwa ga mazajensu da ke aiki a Yawunde ko Duwala. Mace za ta zauna a bakin tabarma, ta fara da gaisuwa, ta zo kan kuɗin hatsi, sai ta yi shiru tana murza bakin mayafi, ta ce, "Malama, goge wannan, kada ransa ya ɓaci." Na san nauyin sirrin da ake ɗora wa mai alƙalami. Shi ya sa na tsani Dora da farko, har na ji kamar in kashe kallon. Amma matar nan, ba kuka ba ihu, da ido kawai da yadda take tsuke baki, ta juya ni har na tausaya mata.

Tana da shekara 69 aka sa ta a takarar Oscar, babbar kyautar fina-finai ta Amurka, a 1999, 'yar Brazil ta farko a rukunin jaruma, bayan ta ci kyautar jaruma a bikin fina-finai na Berlin. A 2013 ta karɓi Emmy ta duniya, kyautar shirye-shiryen talabijin. A 2024, tana shekara 95, ta fito a fim ɗin Ainda Estou Aqui, inda 'yarta Fernanda Torres ta yi ƙuruciyar Eunice Paiva, matar da gwamnatin soja ta ɓatar wa da miji, ita kuma ta yi tsufanta. Fim ɗin ya ci Oscar a 2025.

Mu kuwa fa? Yarinya tana tashe, da ta yi aure an rufe babinta. Wadda ta manyanta a harkar, rabonta shi ne ta zauna a falo ta sa albarka, ko ta zama muguwar suruka, fitowa biyu a sallame ta. Alhali tsofaffin nan sun fi yaran iya wasa nesa ba kusa ba, kowa ya sani. Labarin unguwarzoma bai isa fim ba? Ko na mai ƙosai da ta yi wa 'ya'ya karatu da kaskonta, ko bazawarar da ke neman gadon marayunta a kotu?

Ina kira ga marubuta da furodusoshi su gwada ko sau ɗaya. Ku ma, Edita, ku tura wakilinku ya zauna da iyayenmu mata na masana'antar tun suna raye, ya tambaye su matakin da suka so hawa ba a ba su ba. Mu masu kallo a Ngaundere, Garwa da Marwa za mu karanta.

Wassalam.

Tsohuwar malamar firamare,
Ngaundere, Kamaru