Ga 'Yan'uwa Mazauna Legas: Yadda Ake Sauke Fushi

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba mu fili a jaridarka mai farin jini mu yi wa 'yan'uwanmu 'yan Arewa mazauna Legas magana a kan fushi. Mu ma'aikatan jinya ne a ɓangaren lafiyar ƙwaƙwalwa, kuma abin da ke ci mana tuwo a ƙwarya shi ne yadda mutanenmu suka ɗauka haƙuri shi ne haɗiye ɓacin rai kawai. Ɗan kasuwa zai baro Agege da asuba, cunkoso ya riƙe shi awa biyu kafin ya kai kasuwar Mile 12, 'yan tasha su tare masa kaya, mai saye ta yaɓa masa baƙar magana, duk ya danne don yana ganin shi baƙo ne a gari. Da dare yaro ya kifar da kofin shayi, sai mari. Haushin kaza ya huce a kan dami.

Fushin da aka danne yana nan a jiki. A 1998 James Gross na Jami'ar Stanford a Amurka ya gwada irin wannan a kan mutanen da aka nuna wa fim mai tayar da hankali: waɗanda aka ce su ɓoye abin da suke ji, jikinsu ya ƙara tashi, waɗanda aka ce su sake wa abin fassara a ransu kuwa sun samu sauƙi. Dukan bango ko fasa kwano ma ba ya rage zafin, ƙara masa itace yake yi.

Jiki ne ke fara ba da sanarwa. Sinadarin adiranalin yana kwarara cikin jini, zuciya ta hau bugawa da sauri, numfashi ya tsaya a ƙirji, haƙora su cije, tafin hannu ya jiƙe, murya ta fara rawa. Kowa ya san tasa alamar, domin a nan ne ake da sauran dama. Da ka ji ta, ka kame bakinka ka yi ta'awwuzi. Hadisin Abu Zarri da Abu Dawud ya ruwaito ya ce wanda ya yi fushi yana tsaye ya zauna, in fushin bai tafi ba ya kwanta. Hikimar a fili take: wanda ke zaune ba ya kai duka da sauƙi.

Sai numfashi. Ka ja iska ta hanci kana ƙirga 4 har ciki ya taso, ka sake ta a hankali ta baki kana ƙirga 6. Sau 6 ke nan a minti ɗaya; ka yi minti biyu zuwa uku. Fitar iskar mai tsawo ce ke rage gudun zuciya. Inda ake kuskure shi ne a riƙa zuƙa da ƙarfi da sauri, sai jiri ya kama mutum ya ce abin ba ya aiki. Ana iya yin sa a cikin danfo ko a kan babur a bakin titi, babu wanda zai gane. A saba da shi tun rai na kwance, bayan sallar asuba misali, don ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

In rigima ce ta gida ko ta rumfa, a bar wurin na aƙalla minti 20, gwargwadon abin da jiki ke buƙata ya sauka. Amma a faɗa kafin a fita: "Maman yara, raina ya ɓaci, bari in je masallaci, bayan isha'i mu ƙarasa." Ficewa ba magana raini ne a idon wanda aka bari. Kuma in aka cinye mintunan ana tsara martani a zuci, an yi aikin banza. A yi alwala, a taka ƙafa, a sha ruwa. Da hankali ya dawo sai a tambayi kai: da gangan aka yi min, ko shi ma direban nan kwana ya yi a hanya? Sau da yawa rashin jin Yarbanci ne ke sa a ɗauki ɗaga murya a matsayin zagi. Sannan dole a koma a faɗi abin da ya yi zafi, abu ɗaya, ba tare da tono na bara ba.

Wannan ya wuce maganar gida. Rikicin Mile 12 na watan Maris 2016 daga taƙaddama a kan acaba ya faro, ya kai ga asarar rayuka da rufe kasuwa.

Barcin da bai kai awa 7 ba, da yunwa, da tiramadol da kodin, duk suna gajarta haƙuri. Matasanmu masu kwana a gadi su wuni a kan babur su fi kula da wannan.

Wanda fushinsa ya kai ga dukan iyali, ko ya yi mako biyu cikin ƙunci ba barci ba cin abinci, ko yake jin gara ya mutu, to numfashi kaɗai bai ishe shi ba. Ya ga likita a Asibitin Ƙwaƙwalwa na Tarayya da ke Yaba ko Asibitin Koyarwa na Jami'ar Legas (LUTH) a Idi-Araba, a kuma auna masa hawan jini. In rai na cikin haɗari a kira lambar gaggawa 112 ko 767. Muna roƙon limamai da sarakunan Hausawa na unguwanni su riƙa raka irin waɗannan mutane da kansu, domin kunya ce ke hana yawancinsu zuwa.

Naku,
Wasu ma'aikatan jinya,
Agege, Legas.