Sunan da sarki ya yar da shi kuka mayar masa

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ba na bari shafinku na tarihin duniya ya wuce ni, kuma na ji daɗin rubutun makon jiya a kan daular Xia ta Yamma, wadda ta yi mulki a arewa maso yammacin ƙasar Sin daga 1038 har Mongolawa suka rushe ta a 1227. Abu ɗaya ne ya tsaya mini a rai. Daga farkon rubutun har ƙarshensa kun kira wanda ya kafa daular da Li Yuanhao, alhali kuwa shi da kansa ya yar da wannan Li ɗin tun kafin ya naɗa kansa sarkin sarakuna.

A wurin Sinawa sunan dangi ke zuwa a gaba, sannan sunan mutum ya biyo. To, mutanen Yuanhao ba 'yan ƙabilar Han mafi rinjaye a ƙasar Sin ba ne, 'yan ƙabilar Tangut ne, kuma sunan gidansu Tuoba. A shekarun 880 shugaban gidan, Tuoba Sigong, ya taimaki daular Tang wajen murƙushe tawayen Huang Chao, sai fada ta saka masa da Li, sunan gidan sarautarta. Da Tang ta shuɗe, daular Song ma ta bi wannan hanya: a 991 ta ba kakan Yuanhao sunan nata gidan, Zhao. Shi ya sa marubutan Song suke kiransa Zhao Yuanhao.

Duk wanda aka ba irin wannan suna ya san abin da ake nufi: ya shiga inuwar mai bayarwa, ya zama yaron gida. Abin da Yuanhao ya ƙi kenan. Da ya gaji mahaifinsa a 1032, sai ya ajiye Li, ya ajiye Zhao, ya ɗauki Weiming daga harshen mutanensa. Ya umarci maza su yi aski irin na Tangut. Ya sa wani masani, Yeli Renrong, ya tsara wa harshensu rubutu nasa na kansa. A 1038 kuma ya naɗa kansa, sannan ya aika wa fadar Song cewa daga yau shi ma sarkin sarakuna ne, abin da ya jawo yaƙi tsakaninsu. Sauya sunan nan shi ne matakin farko na ɓallewarsa, don haka idan aka share shi, mai karatu ya rasa zaren labarin tun daga tushe.

Na san littattafai da yawa na zamani suna rubuta Li Yuanhao, ban ce marubucinku ya ƙirƙiro ba. Amma sabo ba hujja ba ne. Roƙona shi ne ku ambaci Li sau ɗaya saboda masu neman ƙarin bayani, sannan ku ci gaba da Weiming Yuanhao, ko Yuanhao kawai.

Haka kuma Jingzong da kuka sa a ƙarƙashin hoto kamar sunan danginsa, ba sunan dangi ba ne. Laƙabi ne da aka ba shi bayan rasuwarsa a 1048, don girmama shi a ɗakin tunawa da kakanni. Bai taɓa jin an kira shi da shi ba. Don Allah a gyara wannan ma a fitowa ta gaba.

Allah Ya ƙara basira.

Naku,
Mai karatu daga Zariya